Hoton Iyayenmu: Haja ne ko Amana?

Akwai wata sana'a da ba kowa ya san da ita ba. Mutum ne zai tara tsofaffin finafinai da kasa-kasai ya adana. In masu shirya fim ɗin tarihi suka zo nema, sai ya ba su izinin amfani da wani yanki, a biya shi gwargwadon tsawon abin da aka ɗiba, a sa sunansa a ƙarshen fim. Da wannan kamfanin British Pathé na Ingila yake cin abinci har yau. A rumbunsa akwai hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956. Mahayan nan da 'yan kallon nan iyayen wasu ne, wataƙila ma namu.

To, hoton na wane ne? Na wanda ya ɗauka, na wanda ya ajiye, ko na wanda ke ciki?

Mai ajiya dai ba abin rainawa ba ne. Fim ɗin Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana zaton ya salwanta. Sai da aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Najeriya, aka gyara, aka haska shi a Berlin a 2018. Da ba a ajiye gwangwanayen nan ba, da shi ke nan. Wanda ya kare fim daga zafi da laima, in ya ci ladan guminsa, halas ya ci.

Amma fa hoto ba ya kare kansa, mai sharhi ne ke sa masa baki. Ana iya ɗaukar hoton 'yan'uwanmu suna lodin kaya a tasha za su gida yin Sallah, a ɗora murya a ce gudun rikici suke yi. Mu da muke zaune nesa da gida mun san abin da irin wannan ƙarya ke jawowa tsakaninmu da masu masaukinmu. Wanda ke cikin hoton kuwa ya riga mu gidan gaskiya, ba shi da bakin musu.

Maganar nan ta shafe mu, don akwatunanmu cike suke da kasa-kasan biki, Maulidi da naɗin Sarkin Hausawa. Wata rana za a zo nema, da kuɗi a hannu.

Mu a ganinmu, a karɓi kuɗin, amma kada hoto ya fita shi kaɗai. Ya tafi da shekararsa, da wurin da aka ɗauke shi, da sunayen mutanen ciki. A tambayi me za a yi da shi, a shawarci iyalan masu shi. In za a zubar da mutuncin wani, a haƙura da cinikin. Tun yanzu mu zaunar da dattawanmu su gaya mana wane ne wane a kasa-kasan nan, kafin a rasa mai faɗa.

Allah Ya ba mu ikon riƙe amana.