Ladan Kuturu: Shin Guje wa Talla a Wasan Waya Cin Haƙƙi Ne?

A ƙauyukan arewacin Kano, daga Minjibir zuwa Ɗambatta, daga Bichi zuwa Makoɗa da Kunci, akwai dabarar da kusan duk matashin da ke riƙe da babbar waya ya sani, ko da ba wanda ya zaunar da shi ya koya masa. Kafin ya buɗe Ludo King ko Subway Surfers ko Candy Crush, sai ya kashe data, ko ya sa wayar a yanayin jirgin sama. Talla ta intanet take shigowa, idan aka toshe hanyar sai wasan ya tafi sumul. Dabarar ta zama jiki har ba a ɗaukar ta abin tambaya. Amma wanda ya ƙera wasan ya ba da shi ne ba tare da karɓar ko sisi ba, bisa tsammanin za a kalli tallar da yake ci da ita. Bahaushe kuwa ya ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Shin matashin da ya more wasan ya kauce wa tallar ya ci haƙƙin wani ne, ko kuwa ƙofar gidansa kawai ya rufe? Ra'ayina shi ne bai ci haƙƙin kowa ba, sai dai 'yancin nasa yana da iyaka, kuma wajibi ne a san inda iyakar take.

Banza ba ta kai zomo kasuwa

Kafin a yanke hukunci, ya kamata a fahimci cinikin. A shekarar 1833 wani maɗabi'i mai suna Benjamin Day ya fara sayar da jaridar The Sun a birnin New York na Amurka a kan kwabo ɗaya, kuɗin da bai taka kara ya karya ba. Ribarsa tana wajen 'yan kasuwar da ke biya domin a buga tallarsu, wato ya tara masu karatu ne ya sayar wa masu talla hankalinsu. A kan wannan tsari gidajen rediyo masu zaman kansu suke tafiya har yau a Kano, kuma shi ne ya shigo cikin waya. Kamfanin Google ya ga girman kasuwar tun da wuri, a shekarar 2009 ya sanar da sayen AdMob, dillalin talla a manhajojin waya, a kan dala miliyan 750.

Ga yadda abin ke gudana. Duk lokacin da ɗan wasa ya gama wani mataki, wayarsa kan aika saƙo cewa ga fili ya samu, tare da bayanin ƙasar da yake, da irin wayarsa, da wata lambar shaida ta talla da ke maƙale da ita. Cikin ƙasa da daƙiƙa ɗaya masu talla su yi gwanjo, wanda ya fi tayi ya samu filin, dillali ya cire la'adarsa, saura ya tafi ga mai wasan. Saurayin da ke zaune a gindin darbejiya a Gezawa yana jin wasa yake yi, alhali a daidai wannan lokaci shi ne hajar da ake tayawa.

Hujjar mai kaya

Adalci ne a saurari mai wasan, domin hujjarsa ba ta da rauni. Ƙera wasa aiki ne na watanni ko shekaru, ana biyan masu zane da masu rubuta manhaja, ana biyan kuɗin na'urorin da ke riƙe da shi. Ba duk masu wannan sana'a ne manyan attajirai ba. Akwai ƙananan kamfanoni, har da na gida irin Maliyo Games da ke Legas, kuma talla tana cikin 'yan hanyoyin da irinsu ke da su na samun kuɗi a ƙasar da mafi yawan mutane ba sa sayen manhaja. Tallar ce ma ta sa ɗan manomi a Tsanyawa yake buga wasan da ɗan attajiri ke bugawa a Landan, ba tare da an tambaye shi katin banki ba.

Masanin falsafar nan na Jamus, Immanuel Kant, ya shimfiɗa wani ma'auni a 1785: kafin mutum ya aikata abu, ya tambayi kansa ko zai yarda kowa ya riƙi wannan hanya. Idan kowa ya kashe data, mai wasan ba zai samu komai ba, wasannin kyauta su ƙare. Manomi bai buƙatar Kant kafin ya gane wannan. Ya san hukuncin wanda ya zo gayya, ya zauna a inuwa har aka gama noma, sannan ya matso da aka kawo fura. A wannan fahimta, mai guje wa talla yana hawa ne a bayan waɗanda suka haƙura suka kalla.

Talla da sallama

Kalmar talla tsohuwa ce a bakin Bahaushe, kuma tana da ladubbanta. 'Yar talla takan tsaya a zaure ko ta yi sallama a tsakar gida, ta faɗi abin da ta ɗauko, ƙuli-ƙuli ne ko dafaffiyar gyaɗa. In an ce ba a saye, sai ta wuce. Ba ta karɓar kuɗin tsayuwa, ba ta tare ƙofa ta ce sai an saurare ta, kuma abin da ke cikin farantinta shi ne abin da ta kira. Idan aka auna tallar waya da wannan sikeli, za a ga inda ta gaza.

Da farko, mai kallo ne ke biyan kuɗin dakonta. Tallar bidiyo tana cin data, data kuwa kuɗi ce, musamman tun da Hukumar Sadarwa ta Ƙasa, NCC, ta amince da ƙarin kashi 50 cikin ɗari a farashin kira da data a Janairun 2025. Tana kuma cin caji, a ƙauyen da wutar lantarki ba ta kai ba ko ba ta zama, inda ake kai waya shagon mai janareta ko mai sola a biya. Wanda ke zaune a Turai da intanet mara iyaka lokacinsa kaɗai talla ke ci. Ɗan ƙauye yana biya da lokaci, ya biya da data, ya sake biya wajen mai caji, kuma daga kuɗin ƙodagon da ya yi a gonar wani.

Na biyu, farashin ba sananne ba ne. Ɗaliban da suka karanta babin ciniki a Risala ta Ibn Abi Zaid a makarantun zaure sun san cewa fiƙihun Malikiyya ya shar'anta sanin kaya da sanin farashi, ya hana garari da algus. Wanda ya sauke wasa ba a gaya masa talla nawa zai kalla ba, ko tsawonta, ko abin da za ta ƙunsa, kuma mai wasan yana iya ninka yawanta gobe ba tare da shawara ba. Bashin da mai bi ne kaɗai ya san adadinsa, yake kuma ƙara shi yadda ya so, da wuya a kira shi bashi.

Na uku, akwai yaudara. Alamar rufe talla takan zo ƙanƙanuwa, ko ta makara, ko ta zama tarko da in an taɓa sai ta kai mutum shagon sauke manhaja. Wasu tallace-tallacen kan nuna wasan da ba shi ne za a tarar ba. A shekarar 2020 hukumar kula da talla ta Birtaniya ta haramta wasu tallace-tallacen Homescapes da Gardenscapes saboda abin da suka nuna bai wakilci ainihin wasannin ba.

Na huɗu, wanda ya fi nauyi, shi ne abin da tallar ke ɗauke da shi. A cikin abin da ke faɗo wa ɗan wasa a Nijeriya akwai tallar caca, da ta manhajojin ba da bashi da ruwa, da hotunan da mutum ba zai so mahaifiyarsa ta leƙo ta gani ba. A Oktoban 2024 Hukumar Hisba ta rufe shagunan cacar ƙwallo a birnin Kano, amma shagon da ke cikin aljihu ba shi da ƙofar da za a sa wa kwaɗo. Manhajojin bashi kuwa sun yi ƙaurin suna wajen tozarta waɗanda suka kasa biya ta hanyar aika saƙo ga 'yan uwansu, har hukumar kare haƙƙin masu saye ta tarayya ta far musu a 2022, Google kuma ya hana su shiga lambobin da ke cikin wayar mutum a 2023. A gidan ƙauye waya ɗaya takan zaga hannu biyar. Yayan ne ya saye ta, amma ƙaninsa ɗan shekara takwas ne ke buga wasan bayan Magariba, kuma gwanjon talla bai san hannun da ke riƙe da ita ba.

To ina batun ladan kuturu? Karin maganar tana kan wanda aka yi yarjejeniya da shi, ya karɓi lada da saninsa a kan aiki sananne. Mai sauraren rediyo da ya tashi yin alwala lokacin da aka shiga talla bai saci shirin ba, domin bai taɓa alkawarin zai zauna ba. Gidan rediyon ya yi lissafinsa ne da sanin wasu za su tashi. Haka mai wasan da ya ƙera shi yana aiki ba tare da intanet ba, ya san wasu za su kashe data, kuma yana da ikon hana hakan in ya so. Dokar ƙasa ma ta san wannan haƙƙi a wani fagen: tun 2016 NCC ta ba masu waya lambar 2442 domin su dakatar da saƙonnin talla da ba su nema ba. Misalin gayya kuma bai zauna daidai ba, domin a gayya kowa ya san kadadar da za a nome da abin da za a ci, kuma ba a sa guba a furar.

Inda iyakar take

Wannan ba ya nufin duk hanyar da aka bi daidai ce. Kashe data, da goge lambar shaidar talla a saitin waya, da hana wasa izinin shiga abin da bai shafe shi ba, duk tasarrufi ne da mutum ke yi a cikin kayansa. Haka sa matatar da ke tare talla a wayar da yara ke amfani da ita, wannan ma ya fi kusa da wajibi a kan babba.

Akwai kuma tallar da mutum ke zaɓa da kansa: wasan ya ce in ka kalli bidiyo na daƙiƙa talatin za a ƙara maka rai ko tsabar wasa. Nan an faɗi kaya, an faɗi farashi, an bar maka zaɓi. Wannan ce tallar da ta yi sallama, kuma wanda ya karɓi ladan ya kamata ya yi askin, in dai abin da aka nuna ba ɓarna ba ne.

Abin da ya fita daga iyaka shi ne fasasshen wasa, wanda wani ya kutsa cikinsa ya cire talla, ya buɗe abubuwan da ake saye da kuɗi, ake kuma tura shi daga waya zuwa waya ta Xender. Mai kashe data ƙofarsa ya rufe, mai fasa wasa kuwa rumbun wani ya ɓalle. Ga kuma haɗari, domin ba wanda ya san abin da mai fasawar ya cusa a ciki, a wayar da ke ɗauke da manhajar banki da kuɗin amfanin gonar shekara.

Ga tambayar Kant kuwa, idan kowa ya ƙi tallar dole ya karɓi ta zaɓi, wasanni ba za su ƙare ba. Masu ƙera su za su koma ga tallar da mutane ke yarda da ita, ko su sa farashi bayyananne, kuma kasuwar za ta fi tsabta. Wannan hanya ce da mutum zai so kowa ya bi. Bayan haka akwai kyautatawa, wadda ta wuce wajibi. Wanda ya shafe watanni yana jin daɗin wani wasa, yana kuma da hali, ya dace ya biya ɗan kuɗin cire talla, ko ya riƙa barin ta zaɓi ta wuce lokaci-lokaci, musamman in ƙaramin kamfani ne. Ba bashi ba ne a kansa, yaba kyauta ne da tukuici.

Kammalawa

Nauyin gyara bai kamata ya tsaya a kan ɗan ƙauye da maɓallin datarsa ba. Hukumar kula da talla ta ƙasa, ARCON, wadda dokar 2022 ta faɗaɗa ikonta, da dokar kare bayanan jama'a ta 2023, ya kamata tasirinsu ya kai ga abin da ake nuna wa yara a cikin wasanni, kamar yadda ake sa ido a kan allunan bakin titi. Malamai da iyaye kuma su san cewa tarbiyyar waya ta haɗa da koya wa yaro gane tarkon talla.

Saura abu ɗaya da ya rage tsakanin matashi da kansa. Masanin ƙasa Michael Mortimore, wanda ya yi nazarin karkarar da ke kewaye da Kano tun shekarun 1960, ya nuna yadda manoman yankin ke noma gona ɗaya kowace shekara ba tare da ta mutu ba, saboda tattalin taki da kula da kowane taƙi na ƙasa. Jikokin waɗannan mutane sun gaji tattalin, shi ya sa suke ƙyashin megabayit ɗin da talla ke ci. Amma talla daƙiƙa talatin take ɗauka, wasan da aka share wa hanya kuwa yana iya cinye yammaci guda a tsakiyar damina, lokacin da ciyawa ba ta jiran kowa. Dara da ake yi a gindin bishiya tana tashi in abokan wasa sun watse, ta waya kuwa an ƙera ta ne don kada ta tashi. Wanda ya iya hana mai talla lokacinsa ya nuna ya san lokacin nasa ne, kuma yana da daraja. Ya rage ya yi wa wasan kansa irin wannan lissafi.