Sarki Likawon da Asalin Labarin Mutum Mai Rikiɗa Kyarkeci

Labarin mutumin da ke rikiɗa ya zama kyarkeci yana da tushe a tsohuwar Girka, a yankin Arkadiya mai duwatsu. Can ne aka ce sarki Likawon ya saukar da Zeyus, babban abin bautar Girkawa, a fadarsa. Mawaƙin Rumawa Obid ya kawo labarin wajen shekara ta 8 Miladiyya. Likawon ya so ya gwada ko baƙon nasa ya san gaibu, sai ya yanka wani mutum da yake riƙe da shi garkuwa, ya dafa wani sashen naman, ya gasa wani, ya kawo masa. Zeyus ya saukar da aradu a kan fadar. Sarkin ya arce daji, ya buɗe baki zai yi magana, sai kukan dabba ya fito.

Abin lura shi ne, a wurin Obid rikiɗar ba ta kawo wani sabon abu ba. Furfurar sarkin tana nan a jikin kyarkecin, haka ma muguntar fuskarsa da ƙyallin idanunsa. Ke nan hukuncin tonon asiri ne kawai: jiki ya bi halin da ya riga ya lalace. Likawon ya keta haddin baƙo, ya kuma ɗauki ɗan Adam a matsayin abin yanka, don haka aka fitar da shi daga cikin mutane.

Tun kafin Obid, masanin falsafar Girka Aflatun ya ari wannan tunani a littafinsa na Jamhuriya. Ya ambaci abin da ake faɗa game da wurin bautar Zeyus a Dutsen Likayon, cewa wanda ya ɗanɗana kayan cikin mutum da aka cakuɗa da na dabbobin hadaya zai zama kyarkeci. Da shi ya kwatanta shugaban da ya fara zubar da jinin jama'arsa, har ya zama azzalumi.

Pausaniyas, matafiyin ƙarni na 2, ya ƙara da cewa in mai rikiɗar ya ƙaurace wa naman mutum shekara 9, yakan dawo mutum. Akwai ƙofar tuba ke nan, ko da yake shi kansa marubucin ya yi shakkar labarin. Game da irin waɗannan labaran rikiɗa, Agustin kuwa, malamin Kirista na ƙarni na 5, ya ƙi yarda cewa aljanu na iya sauya halittar mutum da gaske. A ganinsa, iyakarsu su rufe wa masu kallo ido.