Kyamara da yaran gubar dalma



Wani matashi daga Gummi ya turo mini saƙo. Yana so ya shirya fim na gaskiya, ba wasan kwaikwayo ba, a kan yaran da suka tsira daga gubar dalma a Anka da Bukkuyum. Ya ce: Malam, ya halatta?

Ga waɗanda suka manta, a 2010 ne likitocin MSF suka gano abin da ke kashe yara a ƙauyuka irin su Dareta, Abare, Yargalma da Bagega. Ana kai duwatsun zinare cikin gida ana niƙawa, ƙurar na ɗauke da dalma, yara na rarrafe a kai. Sama da yara 400 suka rasu. Waɗanda suka rayu kuwa yau samari ne da 'yan mata, kuma dalma tana taɓa ƙwaƙwalwa: jinkirin fahimta, mantuwa, wasu har farfaɗiya. Sai ka ji ana cewa wai iska ce, ko an yi masa sammu. Aljanu gaskiya ne, ruƙiyya ma gaskiya ce, amma wallahi zalunci ne a shekara ana turara yaro da hayaƙi, alhali abin da ke damunsa sananne ne a asibiti. Manzon Allah (SAW) ya umarce mu da neman magani.

Batun hoton kyamara malamai sun yi saɓani, ni ina tare da masu ganin halascinsa idan akwai maslaha. Kuma an ga maslahar: bidiyon da ƙungiyar Human Rights Watch ta fitar a 2012 yana cikin abin da ya ɗaga muryar Bagega, har aka fara kwashe gurɓatacciyar ƙasar garin a 2013.

To amma ɗana, inda nake jin tsoro daban ne. Yarinyar da za ka ɗauka tana kakkarwa, gobe za a zo neman aurenta. Fim ɗinka zai zauna a YouTube bayan kai ka manta da ita, dangin miji su gani a waya, sunanta ya koma "mai taɓin nan ta fim". Kai ka samu yabo, ita ta rasa miji. Rufin asirin Musulmi haƙƙinsa ne, talauci ba ya sauke shi. Kuma uban da ka miƙa wa dubu biyu ya ce "ɗauka", yunwa ce fa ta amsa maka.

Don haka na ce masa ya je, amma ya fara zama da iyaye ba kyamara a hannu, ya faɗa musu inda hoton zai kai. Wanda hankalinsa bai kai ya ba da izini ba, a rufe fuskarsa, a sakaya sunansa. In ya gama, ya koma ƙauyen ya nuna musu kafin duniya ta gani. Abin da suka ce a cire, a cire ko da shi ne ya fi kyau a fim ɗin.

Ya ce bayan damina zai fara. Allah Ya tsare hanya, Ya ba yaran nan lafiya.