Wa Ya Shanye Ruwan Masunci?

Idan sana'a ta mutu, mukan ce ƙaddara ce, mu shafa fatiha mu tashi. Kafin mu tashi ɗin, ya kamata mu raba: nawa ne na ƙaddara, nawa ne aikin hannunmu?

A da, Baga ta bakin Tafkin Chadi ita ce uwar kasuwar banda. Daga Doron Baga ake lodin tarwaɗa da karfasa zuwa Maiduguri, har Anacha da Legas. A farkon shekarun 1960 faɗin tafkin ya kai kusan murabba'in kilomita 25,000. Farin shekarun 1970 da 1980 ya janye shi har bai kai kashi ɗaya cikin goma na da ba. Ruwan sama na Allah ne, wannan ba mu ja ba. Amma harin Boko Haram na Janairun 2015, da ya watsa garin, mutane ne suka kai shi.

Akwai kuma rabon da ya fi kusa da tukunyarmu. Dam ɗin Tiga na 1974 da na Challawa na 1992 sun tare ruwan da ke gangarawa Kogin Haɗeja. Ambaliyar damina da kifi ke bi ya hayayyafa a fadamun Haɗeja da Nguru ta ragu, ciyawar kacalla ta toshe hanyoyin kwale-kwale. Ruwan nan shi ke shayar da birnin Kano, shi ke noma shinkafar Kura da tumatirin Kadawa da muke saye a kasuwa. Mun ƙoshi, masuncin Nguru ya rataye koma.

Ba sai mun je nesa neman hukunci ba. Fiƙihun Malikiyya da ake karantawa a zaurukan Kusfa ya yanke shi tuntuni: na saman kwari ya shayar da gonarsa gwargwado, sannan ya saki ruwa ga na ƙasa. Kasancewa a gaba dama ce ta fara sha, ba ta shanyewa ba.

Ba rushe dam muke nema ba. A riƙa sakin ruwa da yawa a lokacin da kifi ke ƙwai, a kuma zauna da Sarkin Ruwa kafin a tsara rabon. In ba mu nemi wannan ba, to mu daina kiran yunwar masunci ƙaddara, domin da bakinmu a cikin ƙwaryar.