Ma'aunin Tatsuniya da Ma'aunin Duniya

Duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa ya san tatsuniyar ƴar bora da ƴar mowa. Ta fari ta yi ladabi ga duk abin da ta tarar a hanya, ta zaɓi ƙaramin ƙwai, ta komo gida da dukiya. Ta biyu ta bi sawunta da raini, ta zaɓi babban ƙwai, ta komo da kutare da makafi. A wannan duniya akwai wata doka wadda ba a faɗarta da baki, amma kowane yaro yana jin ta a jikinsa: ba abin da ke samuwa a banza, kuma wanda ya ci bashi shi ke biya.

Marubutan ƙagaggun labarai na zamani sun ɗauki wannan doka sun yi mata rigar kimiyya. Ba'amurkiyar nan Ursula Le Guin, a littafinta A Wizard of Earthsea na 1968, ta gina duniyar tsibirai inda ake koya wa masu sihiri cewa komi yana bisa ma'auni, kuma duk wanda ya taɓa wani gefe sai ɗayan ya motsa. Masu koyi da ita sun zarce, har suna ƙirƙiro ra'i sukutum game da ƙarfin sihiri: daga ina yake zuwa, nawa ake kashewa, wa ke biyan kuɗinsa. Dalilinsu a fili yake. Labarin da jaruminsa ke samun komi ba da asarar komi ba, ba ya riƙe mai sauraro ko na dare guda.

Kimiyyar gaske ma tana da nata ma'auni. Tsakanin 1842 da 1847, Mayer da Joule da Helmholtz suka tabbatar da cewa makamashi ba ya ƙaruwa ba ya ɓacewa, kama kawai yake sakewa. Kafin su, Lavoisier ya nuna haka game da nauyin abubuwa. Mai son ganin misali ba sai ya je nesa ba, ya leƙa Malbaza. A masana'antar siminti ana gasa farar ƙasa da zafin da ya kai wajen digiri 1450, kuma kowane kilo 100 na tsantsar dutsen yana sakin kilo 44 na iskar kabon zuwa sama. Ba abin da ya ɓace. Buhun siminti yana kasuwa, saura yana cikin iskar da kowa ke shaƙa.

A nan ne hanyoyin biyu suka rabu, kuma a nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. Ma'aunin tatsuniya ya san sunan mai laifi. Ma'aunin duniya jimla kaɗai ya sani. Bai damu da wanda ya ci ba, bai damu da wanda ya biya ba. Wanda ya gauraya su biyu zai kalli mai wahala ya ce lalle da abin da ya aikata.

Haka kuwa ta faru da mutanen Sahel. Bayan babban farin da ya kai maƙura a 1973, wani shahararren masanin yanayi na Amurka, Jule Charney, ya fito da wani ra'i a 1975. Ya ce idan dabbobi suka cinye ciyawa, ƙasa ta tsiraita, farin rairayi yana mayar da hasken rana sama maimakon ya riƙe shi. Iskar da ke bisa sai ta rasa zafi ta sauko ƙasa, hadari ya kasa haɗuwa, fari ya ƙara tsananta. Ra'i ne mai kyan tsari, lissafinsa kuma ba na wasa ba ne. Amma da ya fita daga ɗakin nazari ya shiga bakin masu shirya ayyukan raya karkara, sai ya koma tatsuniya: makiyayi da manomi su ne ƴar mowa, su suka jawo wa kansu. An daɗe ana kallon Bafulatani da akuyarsa da macen da ke saran itacen girki da wannan ido.

Sai a 2003 Alessandra Giannini da abokan aikinta suka nuna cewa sauyin zafin ruwan tekuna shi ne babban abin da ke juya daminar Sahel. Wasu nazarce-nazarcen kuma suka gano hannun hayaƙin masana'antun Turai da Amurka, wanda ya sanyaya arewacin tekun Atlantika, ya tura ruwan sama kudu. Ma'auni dai ya daidaita yadda kimiyya ta ce, sai dai wanda ya hura wutar yana wata nahiya, wanda ya binne shanunsa a 1984 yana Adar.

Ba laifin ƙagaggen labari ba ne. Ɗan Adam yana ƙishin duniyar da ke da ma'ana, shi ya sa har arnan Masallata, kusa da Birnin Ƙwanni, suke arwa kowace shekara don su ji abin da damina ta ƙunsa. Tambayar ita ce ko ya halatta a ɗauki ta'aziyyar tatsuniya a yanke wa rayayyen mutum hukunci da ita. Mai ƙoshi yana son ya ji cewa ƙoshinsa ladan halinsa ne, domin hakan yana sauke masa nauyin maƙwabci.

Manoman Illela ba su jira a wanke su ba. A 1989 wasu daga cikinsu suka ziyarci Yatenga ta Burkina Faso, suka ga yadda ake gina ƙananan ramuka a faƙo, a zuba taki, a jira ruwa. Suka komo suka gyara tasu dabarar ta tassa. Aiki ne na rani, cikin zafin rana, rami bayan rami, a kan ƙasar da hauya ke tsalle in an sara. Gara tana bin takin tana huda ƙasa, ruwan farko yana tsayawa maimakon ya gudu, gero yana fitowa inda shekaru suka shuɗe ba a ga ko ciyawa ba. Har ta kai ana sayen faƙon da a da ba mai karɓarsa ko kyauta.