Lauyan mai fataucin ƙwaya: shi ma ɓarawo ne?

A watan Maris na 2021, hukumar yaƙi da fataucin ƙwaya, OCRTIS, ta kama tan 17 na tabar wiwi a wani sito a Yamai. A Janairun 2022 kuma aka kama magajin garin Fashi da hodar iblis sama da kilo 200. Duk sa'ad da irin wannan magana ta kai kotu aka ga lauya ya miƙe, sai ka ji ana cewa a fada: "Abokin ɓarawo ai ɓarawo ne." To, ƴan'uwa, haka ne?

Ni dai ban yarda ba. Tuhuma daban, laifi daban. Jandarma na iya kuskure. Maƙiyi na iya cusa ƙwaya cikin buhun waken da ka ɗoro daga Filinge. Ran nan za ka so a sami mai tambaya: wa ya gani? Wa ya auna? Ina shaida? Lauyan da ya tsaya nan, ko wa yake karewa, aikinsa halal ne.

Inda gizo ke saƙa shi ne lauyan da ya bar kai hujja gaban alƙali da rana, ya koma kai masa ambulan gida da dare. Ko ya sa takarda ta yi ɓatan dabo, ko a yi ta ɗage zama har shaidu su gaji. Wannan kam dillali ne, kuma kuɗin da yake rabawa daga aljihun ƙannenmu da tramol ya lalata suka fito.

Ku dubi gida. Tsakaninmu da Yamai, inda akasarin lauyoyi suke, kilomita wajen 180 ne. In an kama yaron kabo-kabo da ƴan katin tramol, wa zai biyo wannan hanya dominsa? Sai ya daɗe a gidan kaso yana jiran shari'a, uwarsa na sayar da tunkiyarta. Mai tan-tan kuwa na iya ɗaukar lauya nawa ya so. Wanne ya fi zama zalunci: babba ya sami mai kare shi, ko ƙarami ya rasa?

Waɗanda za su karanta shari'a a Jami'ar Abdou Moumouni cikinmu, ku yanke shawara tun yanzu, don icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Ku kare wanda ya zo muku, ku karɓi ladan aikinku a fili, ku ƙi ɗaukar ambulan. In hali ya yi, ku dawo Kurfai ku tsaya ma yaron kabo-kabo.