Naman Dawa na Wa Ne?

Kowace shekara, ranar Asabar ta farko a watan Mayu, mutanen Efutu na garin Winneba sukan fita daji tun da asuba. Garin yana kamar kilomita 60 yamma da Accra, wadda mu mutanen zango muke kira Ankara. Rukuni biyu ne na mayaƙan gargajiya, Tuafo da Dentsifo, kowanne da kalar tufafinsa da gangunansa. Ba bindiga, ba baka, ba tarko. Sharaɗin shi ne a kamo dabbar da hannu tana da rai, a kawo ta gaban sarki, rukunin da ya riga kawowa shi ya ci gasar. Sunan bikin Aboakyer. A bakin dattawansu, da can mutum ake bayarwa ga abin bautarsu Penkye Otu, daga baya aka sauya da damisa, da damisa ta yi ta kashe masu kamun sai aka koma ga wannan dabba mai sauƙin hali.

Jaridun Turanci suna kiranta da sunan barewar Turai, irin mai ƙaho kamar rassan bishiya wanda yake zubewa duk shekara. Irin wannan ba 'yar asalin Afirka kudu da Sahara ba ce. Abin da ake kamawa a Winneba mazo ne, ɗan'uwan gada da mariya da gwanki. Kuma mazon yana ƙaranci. Dajin da ake farautarsa, a kewayen fadamar Muni-Pomadze, gonaki da gine-gine da masu saran itace sun matse shi, har an yi shekarun da rukunonin biyu suka dawo gari hannu rabbana.

Mai karatu zai iya cewa, to mu ina ruwanmu? Bikin ba namu ba ne, abin bautar ba namu ba ne, yaron Nima ko Maamobi ma yana iya girma har ya yi furfura bai taɓa ganin mazo da ido ba. Gaskiya ne. Amma tambayar da ta taso a Winneba ta shafi kowa: dabbar da ke yawo a dawa, wadda ba wanda ya kiwata, ba wanda ya saya, ta wa ce? Kuma in ta ƙare, wa za a tambaya?

Amsar da muka gada mai sauƙi ce: naman dawa na wanda ya kama ne. Fikihu ya yarda da haka, al'ada ma ta yarda. Bahaushe bai taɓa ɗaukar farauta abin kunya ba. Garuruwa da yawa a ƙasar Hausa maharba ne suka sari dajinsu, kuma har yau akwai sarautar Sarkin Baka da ta Sarkin Dawa. Barewa ta shiga karin maganarmu, da ita muke yabon ɗan da ya gaji iyayensa, mu ce barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe.

Sai dai wannan amsa ta zauna daidai ne a zamanin da daji ya fi mutane yawa. Maharbi da baka da kibiya, mai tafiya a ƙasa, mai ciyar da gidansa da maƙwabta, iyakar abin da zai iya ɗauka a kafaɗa shi ne iyakar ɓarnarsa. Kuma farautar gayya sai da rani ake yin ta, bayan an kawar da amfanin gona. Da damina kowa yana bakin fartanya, dabbobi su sami sararin haihuwa. Yanzu kuwa ga bindiga, ga fitilar goshi mai kashe wa dabba ido da dare, ga tarkon waya, ga babur, ga kwalta har bakin daji, ga kuma birni mai miliyoyin baki yana jira, daga Kantamanto a nan Ankara har Atwemonom a Kumasi. Mazo kuwa bai sauya ba: cikin wata shida, ɗa guda ɗaya. Idan kowa ya riƙe cewa abin da ya kama nasa ne, kowane ɗayansu yana da gaskiya, amma in aka tara gaskiyar tasu wuri guda sai a wayi gari daji ya zama kufai.

A nan ne nake ganin muna haɗa abu biyu da ya kamata a raba: halaccin abu da iyakarsa. Ruwan rijiya halal ne, amma wanda ya kwashe shi kaf ya bar unguwa da ƙishirwa ba za a kira shi mutumin kirki ba. Addinin da ya halatta farauta shi ne ya hana ta ga mai harama da kuma cikin haramin Makka. Risala ta Ibn Abi Zaid, wadda ake karantawa a zaurukan malamanmu, ta sanya farautar wasa cikin abin ƙi. Tun zamanin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, an san hima, wato ƙasar da shugaba ya keɓe don amfanin jama'a, Sayyidina Umar ma ya keɓe irinta a Rabaza. Ke nan killace daji da tsayar da lokaci ba baƙon abu ba ne a wurinmu, ko da yake da yawa suna ɗaukarsa a matsayin dokar Bature.

Gana tana da irin wannan doka tun 1971. Daga 1 ga Agusta zuwa 1 ga Disamba an rufe farauta, saboda lokacin ne yawancin dabbobi ke da ciki ko goyo. Gyazbi kaɗai aka ware, wanda a nan aka fi sani da akrante, shi ma sai da lasisi. Dalilin ware shi a fili yake: yana haifar 'ya'ya da yawa a ciki ɗaya, yana ɓarna a gonaki, kuma ana iya kiwonsa a keji. Wanda ya tsara wannan doka bai ce kisa laifi ba ne. Ya duba abin da kowace dabba za ta iya mayarwa ne, ya auna abin da za a ɗiba da shi.

Ƙasashen da ke da barewar Turai sun koyi wannan darasi ta fuska biyu. A Amurka, wajen 1900, farautar kasuwa ta rage barewa mai farin bindi zuwa abin da bai wuce 500,000 ba. Aka hana cinikin namanta, aka tsayar da lokaci da adadi, a 1937 kuma aka yi dokar da ta juya harajin bindigogi da harsasai zuwa kula da namun daji. Yau ana ƙiyasta su kusan miliyan 30. A Sikotilan kuwa, da aka ƙarar da kyarkeci, jar barewa ta yi yawa har tana cinye tsiron itatuwa kafin su tashi, dole ake rage ta da harbi don daji ya farfaɗo. Wanda ya ce tausayi shi ne kada a taɓa kowace dabba, Sikotilan ta ba shi amsa. Wanda ya ce daji ba ya ƙarewa, Amurka ta 1900 ta ba shi tasa.

To amma akwai hujja mai nauyi a ɗaya ɓangaren, kuma bai kamata mu da ke zaune a birni mu tsallake ta ba. Maharbin ƙauye ba don nishaɗi yake kwana a dawa cikin sauro da macizai ba. Kuɗin makarantar yara ne, kuɗin magani ne. Wani bincike da aka wallafa a mujallar Science a 2004, wanda ya bi bayanan gandun dajin Gana na kusan shekara 30, ya nuna cewa shekarun da kifi ya yi ƙaranci a teku su ne shekarun da farauta ta ƙaru, namun daji suka ragu. Wato manyan jiragen kamun kifi da ke share gaɓar teku suna da hannu a mutuwar gada a arewa. Haka kuma da aka kafa gandun Mole, kusa da Larabanga, sai da aka tashi ƙauyuka daga ƙasar kakanninsu. In an ce wa talaka ya bar daji alhali ba a ba shi madadi ba, an ɗora masa kuɗin gadon da dukanmu za mu ci. Wannan ba adalci ba ne, kuma dokar da ba adalci a cikinta da dare ake karya ta.

Shi ya sa tsarin da ake kira CREMA, wanda ke ba al'umma ikon kula da dajinsu da cin moriyarsa, ya fi kusa da hankali. A Wechiau, bakin kogin Black Volta, sarakuna da mutanen gari ne da kansu suka keɓe wurin dorina, baƙi suna zuwa kallo, kuɗin yana komawa gari. Mutum yakan tsare abin da ya san nasa ne, kuma ya san zai bar wa ɗansa.

Saura mu. Wani zai ce shi ba ya cin naman daji, don bai san wanda ya yanka ba, bai kuma san ko da guba aka kashe ba. Madalla. Amma a leƙa madafa. Wace wake-da-shinkafa, wane tuwo, wane tsire ne a Nima da Maamobi da ba a kan gawayi ya nuna ba? Buhunan nan da manyan motoci ke saukewa, itatuwa ne daga dazuzzukan Kintampo da filayen Afram, inda mazo da gada ke fakewa. Dabbar da ta tsere wa harsashi ba ta tsere wa gatari. A zaga kuma wurin masu maganin gargajiya, a Timber Market ko a kasuwar Nima ranar Laraba, a ga fatu da ƙahoni da kawuna. Ba wanda zai shanya su a rana in ba mai saye. In ɓera da sata, daddawa ma da wari.

Ba ina cewa uwar marayu mai sayar da koko ta kashe murhunta ba ne, don laifi gwargwadon iko yake. Wanda ke da halin sayen gas ya saya. Wanda ke marmarin naman daji ya nemi akrante na kiwo, ya kuma kame bakinsa daga Agusta zuwa Disamba, ya tambayi mai sayarwa daga ina. Malamin da ke karantar da babin farauta da yanka ya ƙara wa ɗalibai da zancen hima da lokacin haihuwa. Makarantun zango su kai yara Shai Hills, da ke kan hanyar Akosombo, tafiyar da ba ta kai yini ba, su ga mariya tana kiwo da idonsu. Yaron da ya taɓa ganin dabba a raye ba ya kallon ƙahonta a kasuwa kamar yadda yake kallon tumatir.

Komawa ga tambayar, a ganina wadda maharbi ya kama bisa ƙa'ida tasa ce, ya ci da iyalinsa cikin kwanciyar rai. Amma irin, wato garken da ke haifar na gobe, ba na maharbi ba ne, ba na gwamnati ba, ba kuma na mutanen wannan zamani kaɗai ba. Amana ce, kuma masu haƙƙi a cikinta da yawansu ba a haife su ba tukuna, ba su da bakin da za su kai ƙara. Idan jikokinmu suka ji an ce barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, suka tambaya mece ce barewa, amsar tana wuyan wanda ya harba, da wanda ya sara, da wanda ya saya. Allah ya ba mu ikon riƙon amana.